Takunkumin gas, rigar gawayi da zafin Akra: yadda ake sakawa, a jure, a cire lafiya

Wannan jagora ta matasanmu ce na Nima, Mamobi, Sabon Zango da Madina da suka shiga soja, ko aikin kashe gobara, ko motar asibiti, da kuma iyaye da masu unguwanni da ke son sanin abin yi ranar da iska ta gurɓace. Gana ba ta yaƙi da kowa, amma sojojinta suna fita aikin wanzar da zaman lafiya tun na Kwango a 1960, kuma sun daɗe a kudancin Lebanon. A gida ma akwai tankokin sinadarai da ke tasowa daga tashar jiragen ruwa ta Tema su ratsa gari, akwai ƙaramar na'urar binciken nukiliya a Kwabenya, kuma a 2022 cutar Marburg ta ɓulla a yankin Ashanti.

Kayan kariya lokaci kawai suke ba mutum, mintoci ko awanni, ya gama aikinsa ya fita. Wurare uku ne ake yawan rasa wannan lokaci: inda roba ta haɗu da fuska, cikin zafin rigar, da wajen cirewa.

Takunkumi da gwangwaninsa

Takunkumin da ke rufe fuska duka yana da robar da ke manne wa fata daga goshi zuwa ƙarƙashin haɓa, gilashi, maɗaurai biyar ko shida, ƙaramin kofi a ciki da ke rufe hanci da baki don kada tururin numfashi ya rufe gilashi, bawul na shigar iska da na fitarta, sai gwangwanin tacewa. Yawancin na soja suna da bututun shan ruwa da ke haɗuwa da murfin gora.

Gwangwanin hawa biyu ne. Na farko takarda ce mai ninki da ke kama ƙura, ƙwayoyin cuta da burbushin nukiliya. Mai lambar P3 tana tare kashi 99.95 cikin ɗari. Na biyu gawayi ne da aka sarrafa aka jiƙa da sinadarai, shi ke shanye guba mai tafiya a matsayin tururi. Na masana'antu da ke bin ƙa'idar Turai launi ke nuna aikinsu: ruwan ƙasa mai harafin A na tururin fenti da makamantansa, ruwan toka mai B na kulorin, rawaya mai E na gas mai asid, kore mai K na amoniya, fari mai P na ƙura. Wanda ya shiga hayaƙin amoniya da gwangwani mai A kaɗai bai tsira ba. Na soja an yi shi ya haɗa guba iri-iri a gwangwani ɗaya.

Abu biyu ne gwangwani ba ya yi, kuma rashin saninsu ya kashe mutane. Ba ya samar da oksijin: idan oksijin na wuri ya gaza kashi 19.5, irin cikin rijiya, ramin masai, tankin mai ko ramin haƙar zinariya, sai da tukunyar iska a baya, wadda ita ma minti 30 zuwa 45 take yi, ƙasa da haka idan aikin mai nauyi ne. Sannan gwangwani na yau da kullum ba ya tare kabon monoksaid, gubar hayaƙin janareta da gobara.

Kada a sayi takunkumin gwanjo don ya yi arha. Tsofaffin gwangwanayen Tarayyar Sobiyet irin na GP-5 an samu asbestos, wani zaren ma'adini mai lalata huhu, a cikinsu. Bakin murɗinsu milimita 40 ne kamar na NATO, amma tsagar murɗin ta bambanta, sai ya shiga da ƙyar ya bar kafa. Gawayi kuma yana shan laima. A iskar bakin teku irin tamu, gwangwanin da aka ɓare hatiminsa ya fara mutuwa ko ba a shaƙa ta cikinsa ba. A rubuta ranar buɗewa a jikinsa, kada ya wuce wata shida. A sauya shi nan take idan ya jiƙe, ya lotsa, numfashi ya yi nauyi, ko an ji wari ko ɗanɗano a ciki.

Maganar gemu

Dole a faɗi wannan a fili domin ta shafi mutanenmu fiye da kowa. Gashi tsakanin roba da fata kafa ce. Ko tsiron kwana biyu yana rage mannewa ƙwarai, cikakken gemu kuwa ya soke ta. Ƙara ɗaure maɗauri ba ya gyarawa, sai ma ya lanƙwasa robar ya buɗe wata kafar a gefen goshi. Shafa man baselin a gemu shi ma ba magani ba ne, kuma yana lalata wasu robobin. Gashin baki da bai kai layin roba ba babu laifi.

Mai gemu da ba zai aske ba, abin da ya dace da shi hula ce mai rufe kai har kafaɗa, da injin batir a ƙugu da ke tura tatacciyar iska ciki. Asibitoci da ɗakunan gwaji suna amfani da ita, amma tana da tsada, kuma idan batir ya ƙare kariya ta ƙare. Ga 'yan'uwa mata, gefen ɗankwali ko hijabi kada ya shiga ƙarƙashin roba. A ja shi baya, roba ta zauna a kan fata, sannan a mayar da shi ta sama. Mai tabarau ya cire shi, domin hannayensa suna ɗaga roba; ana yin gilashin magani na musamman da ake maƙalawa a ciki.

Sakawa cikin daƙiƙa 9

Ma'aunin sojojin Amurka, wanda rundunoni da yawa suka ɗauka, daƙiƙa 9 ne daga jin ƙararrawa zuwa mannewar takunkumi.

1. Tsayar da numfashi inda yake, ka rufe ido. Kada ka ja dogon numfashi don tanadi, wannan jan shi ne zai iya zama gubar.
2. Cire hula da tabarau, ka zaro takunkumi daga jaka. Jakar a gefe ɗaya take zama kullum, takunkumin a kwance yadda hannu zai same shi a duhu.
3. Haɓa ce ke fara shiga, sannan ka danna shi a fuska, ka jawo maɗaurai ta bayan kai.
4. Ja maɗauran kumatu daidai wa daida. Na goshi da na gefe an riga an daidaita su tun ranar da aka ba ka shi.
5. Rufe bawul ɗin fita da tafin hannu, ka hura da ƙarfi. Iskar da ta shiga lokacin sakawa za ta fice ta gefuna.
6. Toshe bakin gwangwani da tafi, ka ja numfashi a hankali. Takunkumin ya lotso ya manne ya tsaya haka. Idan ya saki, akwai kafa: duba gashi, maɗauri da ya murɗe, ko gwangwani da bai zauna ba.
7. Sai yanzu ka buɗe ido, ka yi numfashi, ka ɗaga murya ka sanar da na kusa.

Ka fara sa naka kafin ka taimaki kowa. Wanda ya faɗi yana ƙoƙarin taimako ya zama majinyaci na biyu. Karatu ba ya koyar da wannan, sai maimaici da ido a rufe, a tsaye, a kwance, da safar hannu, har hannu ya haddace.

Riga, takalmi, safar hannu

Rigar soja ta wannan aiki yadi biyu ce, na waje mai korar ruwa, na ciki mai ɗauke da gawayi. Tana barin gumi ya ɗan fita, tana shanye tururin guba. Irin ta Amurka mai suna JSLIST ana sa ta kwana 45 a jimilla, a wanke ta har sau shida, kada ta wuce kwana 120 bayan buɗe ledarta, amma da zarar guba ta taɓa ta awa 24 kawai ta rage mata. Man fetur, dizal da man inji suna kashe gawayinta, haka nan zama cikin ruwa. Safar hannu ta robar butil ce, da ta auduga a ciki don gumi. Safar asibiti ta siririyar robar lateks ba ta tare irin wannan guba.

Ana hawa mataki-mataki gwargwadon barazana: da farko takunkumi a ƙugu kaya a kusa, sai a sa riga da wando, sai takalmin sama, sai takunkumi da hular riga, daga ƙarshe safar hannu. Hikimar ita ce a gama da abin da ke cin lokaci tun kafin a buƙace shi, a bar abin da ke hana aiki sai ƙarshe. Ƙafar wando ta sauka a kan takalmi, hannun riga a kan safa, hula ta zagaye takunkumi ba fata a waje. Kowa da abokinsa, ka duba wuyansa da wuyan hannunsa, ya duba naka.

Zafi

A ganinmu nan ne littattafan da aka rubuta a ƙasashen sanyi suke yaudarar mutanenmu. A Akra da rana zafi yakan haura digiri 30, ga laima da ke hana gumi bushewa. Ƙa'idar likitocin sojan Amurka ta ce cikakken kaya yana ƙara wajen digiri 5 zuwa 6 a kan ma'aunin zafi idan aikin mai sauƙi ne, wajen 11 idan matsakaici ne ko mai nauyi. Ma'ana, a yawancin ranakunmu mai cikakken kaya yana mataki mafi haɗari tun da hantsi. A wannan mataki, aiki matsakaici minti 20 ne da hutun minti 40, mai nauyi minti 10 da hutun 50. Kwamandan da ya ƙi wannan lissafi zai kwantar da mutanensa ba tare da guba ta taɓa su ba.

A sha ruwa kafin a shiga, a ci gaba da kurɓa ta bututu, wajen lita ɗaya a awa. Kada a wuce lita ɗaya da rabi a awa, domin ruwan da ya yi yawa yana tsinka gishirin jini, alamunsa kuma suna kama da na zafi. A ci abinci mai gishiri. Wanda ya fara tangaɗi, ko amsa tambaya a birkice, ko fushi ba dalili, a fitar da shi layin wanka nan take, a cire masa kaya, a zuba masa ruwa a yi masa fifita. Mai azumi ya gaya wa shugabansa kafin atisaye. Malamanmu sun san hukuncin lalura, kuma shiga wannan riga da ƙishirwa jefa kai ne cikin halaka.

Gane abin da ya afku

Sau da yawa jiki ne ke fara ba da labari kafin na'ura: tsuntsaye da awaki suna faɗuwa, mutane da yawa suna tari ko faɗuwa lokaci guda, hazo kwance a ƙasa ba gobara. Takardar gwaji ta M8 idan ta taɓa ruwan guba takan koma rawaya ga gubar jijiya dangin sarin, ja ga gubar da ke sa bororo, kore mai duhu ga VX, wata gubar jijiyar. Ruwa kawai take ganewa, ba ta jin tururi, kuma wasu magungunan ƙwari da man birki suna ruɗa ta.

Gubar jijiya tana tsuke baƙin tsakiyar ido, gani ya dushe, majina da yawu su zubo, tsoka ta yi rawa, ƙirji ya toshe. Ma'aikacin asibitin da ya taɓa ganin manomin da maganin feshi ya kama ya san hoton, dangi ɗaya ne. Allurar soja mai harba kanta tana ɗauke da atirofin miligiram 2 da piralidokzim miligiram 600. Ana danna ta a gefen cinya ta waje, ta kan wando, a riƙe daƙiƙa 10. Mai alamu masu sauƙi ya yi wa kansa ɗaya ya jira minti 10 zuwa 15. Wanda ya faɗi, abokinsa ya sa masa takunkumi, ya yi masa uku a jere, ya ƙara diyazefam miligiram 10 saboda jijjiga. Da allurar majinyaci ake yi masa, taka ta zauna a jakarka, a maƙala waɗanda aka yi a aljihunsa don likita ya ƙirga. Ba a yin ta don tsoro: atirofin yana tsayar da gumi, a zafinmu kuwa wannan kaɗai ya isa.

Gubar bororo ta fi yaudara. Irin wadda ake kira mastad ba ta zafi lokacin da ta taɓa fata, sai bayan awa 2 zuwa 24 ido ya yi ja, fata ta tashi, musamman hammata da matsematsi inda gumi ke taruwa. Ɓarnar tana farawa cikin mintoci na farko, don haka ana wankewa kafin a ji komai.

Cirewa

A harin sarin na jirgin ƙasan Tokyo ranar 20 ga Maris 1995, ma'aikatan asibiti da na motocin agaji da dama sun kamu daga tururin tufafin majinyatan da ba a tuɓe ba. Guba tana bin mutum gida.

A raba fili uku a jere: wurin guba, wurin wanka, wuri mai tsabta, mai tsabtar yana ɓangaren da iska ke fitowa. A Akra mafi yawan shekara iska daga teku take busowa, ta kudu maso yamma, a hunturu takan juyo daga arewa maso gabas, amma a ɗaura ƙyalle a sanda a gani da ido. Hanya ɗaya ce, ba komawa baya.

A fara wanke safar hannu da takalmi. Abokinka ya kwance maka hula ya naɗe ta baya, ya zare rigar yana juya cikinta waje, sai wando. Kana zare ƙafa daga takalmin sama kana taka ɓangare mai tsabta. Safar waje ta biyo baya. Takunkumi ne kusan na ƙarshe: tsayar da numfashi, rufe ido, kama shi ta maɗauran baya, ka taka gaba kafin ka shaƙa. Safar ciki ce ta ƙarshe, sai sabulu da ruwa. Kuskuren da aka fi yi shi ne gajiyayye ya fizge takunkumi da zarar ya hango layi, ko ya share gumin goshi da bayan safa. Shi ya sa ake tsayar da mutum ɗaya da ba shi da aiki sai karanta matakai da babbar murya.

Ga farar hula, tuɓe tufafi kaɗai yana raba mutum da kashi 80 zuwa 90 na abin da ya hau shi. A yanka riga da almakashi, kada a zare ta ta kai. A dangwale ruwan guba da busasshen ƙyalle ba gogewa, sannan sabulu da ruwa mai yawa daga kai zuwa ƙafa. Ido a wanke shi minti 15. Ledar piya wata rabin lita ce, jaka mai 30 lita 15 ke nan, kuma ana samunta a kowane lungu. Tufafin a ɗaure su a leda biyu. Kunya tana hana mutane tuɓewa, musamman iyayenmu mata, don haka kwamitin unguwa ya tanadi labule, zannuwa masu tsabta, da mata masu kula da mata.

Ƙwayoyin cuta

Cuta ba ta da ƙararrawa, sai bayan kwanaki asibiti ya ga masu alamu iri ɗaya sun yi yawa. Samfur yana tafiya cibiyar bincike ta Noguchi a Legon ko ta KCCR a Kumasi. Ebola da Marburg ta jini, amai, gudawa da gawa suke yaɗuwa, saboda haka rigar da ruwa ba ya ratsawa ake so, da safa biyu, gilashin ido da mayafin roba da ake ɗaurawa a gaba. Ruwan kulorin ƙarfi biyu ne: kashi 0.5 na ƙasa, kaya da jini, kashi 0.05 na hannu. Idan bilic ɗin, wanda muke kira Parazone, mai kashi 5 ne, mudu ɗaya a ruwa mudu 9. Mai kashi 3.5, ɗaya a 6. Daga wannan a ɗebi ɗaya a ruwa 9 a sami na hannu. A haɗa sabo kullum, kada a gauraya shi da asid ko amoniya, domin hakan gas mai guba yake fitarwa.

Gawar mai irin wannan cuta ta fi mai rai haɗari. Ƙa'idar Hukumar Lafiya ta Duniya ta 2014 ta tanadi taimama a madadin wanka, a sa likkafani a kan jakar gawa, a yi salla daga ɗan nesa. Limamai da masu wankan gawa su san wannan tun yanzu. Mahauta kuma: dabbar da ta faɗi matacciya farat ɗaya, jini na fita ta hanci ko dubura, kada a feɗe ta, domin cutar antaras, mai kama dabba da mutum, tana nan a arewacin Gana, a kira likitan dabbobi.

Nukiliya

Riga da takunkumi suna hana burbushi shiga huhu da hawa fata, amma hasken nukiliya marar ganuwa da ake kira gamma yana ratsa su. Abin da ke rage shi uku ne: taƙaita lokaci, nisa, da kauri. Ninka nisa biyu daga ƙaramin tushe yana mayar da shi kashi ɗaya cikin huɗu. Kankare mai kaurin santimita 6, ko dannanniyar ƙasa santimita 9, yana raba hasken burbushi biyu. Bayan fashewar bam ɗin nukiliya, ƙarfin burbushi yana komawa ɗaya cikin 10 bayan awa 7, ɗaya cikin 100 bayan kwana biyu. Don haka ake cewa a shiga tsakiyar ginin kankare a zauna aƙalla awa 24. Rufin kwano ba ya tare komai. Ƙwayar potasiyam ayodaid, miligiram 130 ga babba, 65 ga yaro ɗan shekara 3 zuwa 12, halittar wuya da ke kumbura ta zama maƙoƙo kaɗai take karewa, kuma sai hukuma ta ce a sha.

Haɗarin da ya fi kusa da mu yana wajen masu sana'ar tsofaffin ƙarafa. A Goiânia ta Brazil a 1987, an fasa tsohuwar na'urar asibiti aka sayar wa dillalin ƙarafa, aka raba garin shuɗi mai ƙyalli da ke ciki ga dangi. Mutum huɗu suka mutu, aka auna fiye da 100,000. Ƙaramin ƙarfe mai nauyi fiye da girmansa, ko mai alamar fukafukai uku a kan rawaya, kada a sare shi, kada a sa a aljihu. A ja da baya, a hana yara zuwa, a kira 112 a ce a sanar da hukumar kula da nukiliya.

Idan ba ka da komai

Kada ka matsa kallo, kada ka tsaya ɗaukar bidiyo. Ka yanke iska a gicciye, sannan ka nufi inda take fitowa. Kulorin ya fi iska nauyi kusan ninki biyu da rabi, yana bin kwari, don haka babbar kwatar Nima da gefen rafin Odaw wurare ne da za a guje musu. A hau tudu ko bene. Jiƙaƙƙen ƙyalle na rage ƙura na ɗan lokacin gudu, amma ba ya tare gubar jijiya. Idan hazon ya riga ya rufe hanya, a shiga ɗaki mai ƙarancin taga, a kashe fanka da na'urar sanyaya ɗaki, a toshe ƙasan ƙofa da jiƙaƙƙen tawul. Tagoginmu masu luba ba sa rufuwa sosai, sai an lulluɓe su da leda da salatif, kuma gara a yanka ledar daidai kowace taga tun yau a ajiye. Bayan awa biyu zuwa uku, ko da zarar NADMO, hukumar kula da bala'o'i ta ƙasa, ta sanar cewa ya wuce, a buɗe ko'ina a fito, domin a lokacin iskar ɗaki ta fi ta waje gurɓata.

Mai takunkumi kuma ya duba shi kowane wata. A cire gwangwani a wanke robar da sabulu mai laushi, ta bushe a inuwa. A ɗaga fatar bawul ɗin fita a duba, ƙwayar yashi ɗaya a ƙarƙashinta ta isa ta bar guba ta shigo. A ja kowane maɗauri a ga ko ya saki, a lanƙwasa robar a nemi tsaga, a karanta ranar da ke jikin gwangwani. Kada a ajiye shi a but ɗin mota ko ƙarƙashin rufin kwano, zafi yana busar da roba. Wanda ya rame, ko ya yi ƙiba, ko aka cire masa haƙora, ya koma a sake gwada masa girman da ya dace da fuskarsa.